Ƙofar Kabad Ta Karkace? Tambayoyi da Amsoshi Kan Saita Hinji

Da wuya ka shiga kicin ɗin da ya shekara biyu ana girki a cikinsa ka rasa ƙofar kabad ɗaya da ta sunkuyar da kai, ko wadda sai an ɗan ɗaga ta kafin ta rufu. Masu gida kan ɗauka hinjin ne ya mutu, su kama hanyar kasuwa neman sabo. Sau da yawa lafiyarsa ƙalau, saiti ne kawai ya goce, kuma sukundireba ɗaya da minti goma sun isa a mayar da shi. Ga tambayoyin da aka fi yi mini a kan wannan, da amsoshinsu gwargwadon abin da hannuna ya taɓa.

Wane irin hinji ake magana a kai?

Wanda ba a ganinsa idan ƙofa tana rufe. Shi ne a kusan duk kabad ɗin kicin da wadirob na zamani da ake yi da allon MDF ko HDF, wato allon da ake haɗawa da niƙaƙƙen katako da gam. Buɗe ƙofar ka duba, za ka ga sassa uku. Akwai ƙoƙon ƙarfe da ya nutse cikin wani rami zagayayye a bayan ƙofar. Faɗin ramin milimita 35 ne, zurfinsa kuwa 12 zuwa 13. Akwai hannu da ya miƙe daga ƙoƙon zuwa cikin kabad. Sai mazauni, wato ɗan farantin da aka ɗaure a bangon kabad daga ciki, wanda hannun ke hawa kansa.

Daga Turai wannan tsari ya fito, kuma kamfanonin da suka yi suna a kansa har yanzu suna can: Blum da Grass a Ostiriya, Hettich a Jamus, Salice a Italiya. Shi Blum ma da ƙusoshin takalmin doki ya fara a 1952, kafin ya shiga harkar kayan kabad, kuma a 1985 ya fito da hinjin da ake ɗana shi kan mazauni ba tare da sukundireba ba. Yawancin waɗanda ke kasuwanninmu 'yan Chaina ne, amma awon Turai suka bi, shi ya sa bayanin nan zai yi maka aiki ko wanne ke gidanka.

Na ga sukurori da yawa a jikinsa. Wanne ke yin me?

Wannan ita ce tambayar da in ka riƙe amsarta ka gama rabin aikin. Biyun da ke gefen ƙoƙo riƙe shi kawai suke yi a jikin ƙofa, ba ruwansu da saiti. A kan hannu akwai biyu. Na gaba, wanda ya fi kusa da ƙofa, shi ke tura ta hagu ko dama. Na baya, wanda ke can ciki, shi ke matso da ita jikin kabad ko ya nesanta ta. Sama da ƙasa kuma aikin mazauni ne: biyun da suka ɗaure shi a bango suna zaune cikin ramuka masu ɗan tsawo, in ka sassauta su sai mazaunin ya zame sama ko ƙasa. Wasu hinji masu tsada suna da sukuru ɗaya a kan mazaunin da ke yin wannan aiki da juyi kawai.

Wani lokaci za ka tarar da murfin ƙarfe ko roba mai tambarin kamfani ya rufe hannun. Sa farce ko bakin sukundireba ka ɓalle shi, sukurorin suna ƙarƙashi.

Abin da nake so ka sani tun yanzu shi ne, kowane ɗayan saitin nan uku bai wuce milimita biyu zuwa uku ba ta kowane ɓangare. Ƙaramin gyara aka yi su domin shi. Ƙofar da ta goce da faɗin ɗan yatsa tana da wata cutar daban, za mu zo kanta.

Da me zan yi aikin?

Sukundireba mai kan tauraro, wadda ake ce wa sita, mai lamba 2. Duba kan sukurun da kyau: in ka ga wasu 'yan siraran layuka huɗu tsakanin manyan tsagogin, to irin Pozidriv ne, kuma sukundirebar da aka rubuta wa PZ2 ita ce ke zama daram a cikinsa. Ta yau da kullum za ta juya shi, amma tana yawan zamewa ta cinye kan. Ka haɗa da fensir da rula. Injin ɗaure sukuru mai batir kuwa ka ajiye shi gefe. Ƙarfinsa ya wuce wannan aiki, kuma na ga allo da yawa da ya yi wa rami a banza cikin ƙiftawar ido.

Ta ina zan fara?

Da ɗauri. Bi duk sukurorin da ke riƙe ƙoƙo da mazauni ka ga ko akwai wanda ya saki, ka ɗaure shi har ya tsaya, kada ka ƙara masa ƙarfi bayan haka. Ƙofofi da dama a nan ciwonsu ke ƙarewa.

In ba ta daidaita ba, rufe ta, ka ja da baya taku biyu, ka kalle ta daga gaba sosai. Ni nakan fara da sama da ƙasa, domin shi ne ke buƙatar a sassauta duk hinjin ƙofar a lokaci guda, kuma yakan ɗan taɓa sauran saitin. Daga nan hagu da dama, a ƙarshe ciki da waje. Rabin juyi za ka riƙa yi, ka rufe ƙofar, ka duba, sannan ka ƙara. Ɓangaren da sukurun ke tura ƙofa idan an juya shi dama ya bambanta daga kamfani zuwa kamfani, don haka rabin juyin farko shi zai nuna maka hanya. In ta tafi inda ba ka so, sai ka koma baya. Kada kuma ka taɓa sukuru biyu kafin ka duba, domin ba za ka san wanda ya gyara da wanda ya ɓata ba.

Wajen saitin sama da ƙasa, in ƙofar babba ce, nemi wanda zai tallafe ta, ko ka tara littattafai a ƙarƙashinta. Ja layi da fensir a saman mazauni kafin ka sassauta, don ka san daga inda ka taso.

Ƙofata ta sunkuya ta wajen mariƙi, kusurwar ƙasa tana gogar katako. Ɗaga ta zan yi?

A'a, Hajiya, kuma nan ne kusan kowa ke kuskure. In kika ɗaga ta gaba ɗaya, gugar za ta daina, amma ƙofar tana nan a karkace, sai ma ɓangaren hinji ya haura sama da na maƙwabciyarta. Abin da ya faru shi ne nauyi ya ja hinjin sama ya fito, saman ƙofar ya yi gaba wajen mariƙi, kusurwar ƙasa ta faɗi. Maganinsa yana wurin sukurun gaba. A hinjin sama, ki juya shi yadda saman ƙofar zai koma wajen bangon da hinjin yake. In bai isa ba, ki je hinjin ƙasa ki yi akasin haka, ki tura ƙasan ƙofar wajen mariƙi. Za ki ga kusurwar da ta faɗi tana tashi da kanta. Ƙofa mai hinji uku, na tsakiya ya bi rabin abin da na sama ya yi, in ba haka ba zai riƙa jayayya da sauran biyun har ki ji ƙofar tana ƙara.

Ƙofofi biyu suna karo da juna a tsakiya. Ko kuma tazarar da ke tsakaninsu ta buɗe a sama ta tsuke a ƙasa.

Tazarar da ake so tsakanin ƙofa da ƙofa milimita 2 zuwa 3 ce, kuma ta zama ɗaya daga sama har ƙasa. Samu kwali mai wannan kauri ka riƙa zura shi a sama da tsakiya da ƙasa; hannu ya fi ido gane bambancin rabin milimita.

In suna karo, ja kowace baya kaɗan wajen bangonta da sukurun gaba, sama da ƙasa daidai wa daida. Raba gyaran tsakanin ƙofofin biyu, kada ka ɗora wa ɗaya duka, domin in ka yi haka tsakiya za ta yi kyau amma gefe ɗaya zai tona bangon kabad. In tazarar ta buɗe a sama, hinjin sama na kowace ƙofa za ka tura wajen tsakiya. In a ƙasa ta buɗe, yawanci sunkuyawa ce duka biyun suka yi, sai ka bi amsar da ta gabata.

A kicin mai dogon layin ƙofofi, fara daga wadda ke ƙarshen layi, ka daidaita ta da bangon kabad, sannan ka riƙa saita kowace da wadda ta gabace ta. Mai tsalle daga wannan zuwa waccan yakan yini yana zagaye.

Tana rufuwa amma ba ruf ba, sai ta ɗan tsaya a buɗe.

Fara duba ciki: murfin tukunya, ko shelf da ya zamo gaba, ko kan sukurun da ya fito. In babu abin da ya tokare ta, saitin ciki da waje ne. Idan ƙofa ta matsu da jikin kabad ta wajen hinji fiye da kima, gefenta na baya yakan riga taɓa katako, ya hana wajen mariƙi isowa. Za ka ga alamar guga a wurin. Sassauta sukurun baya, ka jawo ƙofar waje kamar milimita ɗaya zuwa biyu, ka ɗaure. A hinjin da ake zurawa kan mazauni, wannan sukurun shi ne kuma ke riƙe da hannun, saboda haka sassautawa kawai za ka yi, kada ka cire shi, kuma ka riƙe ƙofar da ɗaya hannun. A wanda ake ɗanawa, juyi kawai yake so.

In kuwa sama ta kwanta ƙasa ta tashi, ko akasin haka, to hinji ɗaya ya fi ɗaya fitowa. Tura wanda ke wajen da ya tashi ciki kaɗan. In ka saki ƙofar daf da rufuwa ta tsaya cak ba ta ja kanta ba, sifirin ɗin ciki ya karye ko ya gaji, kuma wannan sai canji.

Na juya sukurun har ya ƙure, ƙofar ba ta daidaita ba.

To ka bar hinji haka nan, ka dubi kabad ɗin kansa. Ƙofa madaidaiciya ba ta zama daidai a jikin akwatin da ya murɗe. Cire kayan ciki, ka auna bakinsa daga kusurwar sama ta hagu zuwa ta ƙasa ta dama, ka sake aunawa daga ta sama ta dama zuwa ta ƙasa ta hagu. In awon biyu bai zo ɗaya ba, akwatin ya karkace, kuma mafi yawan lokuta daɓen ɗakin ne sanadi.

An taɓa kirana ɗakin wata amarya kwana kaɗan bayan jere. Wadirob ce mai ƙofa huɗu, sabuwa dal, amma kowace ƙofa ta kama gabanta: ta farko ta haura ta biyu, ta uku tana cizon ta huɗu, madubin jiki har ya fara gogar gefe. Uwar amarya ranta a ɓace, tana cewa kafinta ya ci amanarsu. Na durƙusa na leƙa ƙasa, sai na ga kusurwar gaba ta dama ba ta taɓa tayil ba, har takardar kalanda na zura ta wuce. Ranar jere an haɗa ta cikin gaggawa, mutane cike da ɗaki, aka tura ta jikin bango aka loda mata kaya, nauyi ya murɗe ta wajen da babu tallafi. Muka sauke akwatunan da ke samanta, mutum biyu suka ɗan ɗaga kusurwar, na zura ɓallin filawud mai kaurin milimita huɗu. Suna sauke ta, ƙofofi uku suka koma layi ba tare da na taɓa sukuru ko ɗaya ba. Ta huɗun rabin juyi ta nema. Kafintan bai yi laifin komai ba, kuma na ji daɗin da aka wanke shi a gabana.

Kabad ɗin da ke rataye a bango shi ma haka ne: in ɗaurin gefe ɗaya ya saki, akwatin zai zube ta nan. Wannan kam kada a jinkirta shi, domin faranti da kofunan da ke ciki suna saman kan mai girki.

Sai kuma ƙofar da ita kanta ta lanƙwashe. Cire ta, ka kwantar da ita a kan tebur mai shafe, ka danna kusurwoyin. In tana rawa, ta murɗe. Ƙaramar murɗiya ana iya ɓoye ta da saitin ciki da waje, a raba ta tsakanin sama da ƙasa. Babba kuwa sai sabuwar ƙofa.

Sukurun yana ta juyawa, ba ya kamawa.

Ramin ya cinye. MDF da allon garin katako ba su da jijiya irin ta icce, in zaren ramin ya tafi ya tafi ke nan. Kada ka nemo sukuru mafi tsawo: allon milimita 18 ne ko 16, sukurun da ya dace da shi milimita 16 ne ko ƙasa da haka, mai tsawo zai ɓullo ta fuskar kabad ya bar tabon da ba ya gyaruwa.

Cire hinjin, ka kakkaɓe garin da ke ramin. Tsoma tsinken sakace ko na ashana, wanda aka cire wa kai, cikin farin gam na kafintoci, ka cusa su har ramin ya cika tam, ka karye abin da ya fito. Bar shi ya kwana. Washegari ka yi ɗan ƙaramin huji a tsakiya ka mayar da sukurun. Mutane ba sa son jiran nan na kwana guda, su ɗaure a kan ɗanyen gam, bayan mako biyu kuma a koma gidan jiya. Ga babbar ƙofa, ya fi kyau a faɗaɗa ramin da injin huji a buga guntun icce zagayayye mai kaurin milimita 8 da gam.

In wajen ya ɓare gaba ɗaya, har allon ya fashe kewaye da mazauni, akwai farantin gyara na ƙarfe mai ramuka da yawa da ake sayarwa. Ana ɗaure shi a kan lafiyayyen katakon da ke kewaye, hinjin ya hau kansa. Ko kuma a matsar da hinjin sama ko ƙasa da santimita biyar zuwa shida, a fasa sabon ramin ƙoƙo. Wannan na biyun aikin mai bakin huji na milimita 35 ne, kuma yana son hannun da ya saba, domin abin da ke raguwa tsakanin gindin ramin da fuskar ƙofa bai fi milimita shida ba.

Me ya sa take cijewa da damina, ta saki da hunturu?

Katako yana shan danshin iska ya kumbura, ya bushe ya tsuke, kuma ta faɗi yake wannan motsi fiye da ta tsawo. A ƙasar Hausa bambancin danshin watan Agusta da na Janairu babba ne ƙwarai, shi ya sa ƙofar icce da aka saita da tazarar milimita ɗaya cikin hunturu za ta kama maƙwabciyarta da zarar ruwa ya zauna. In kana saiti da rani ko hunturu, bar milimita uku cur. Kada kuma ka yi saurin kankare gefen ƙofa da damina; iskar hunturu na kaɗawa za ka ga giɓin da ka yi da hannunka.

Kumburin MDF daban ne. Shi in ruwa ya shige shi ta gefen da ba a rufe ba, kamar ƙofar ƙarƙashin wurin wanke-wanke, yakan tashi kamar burodi, kuma ba ya komawa ko ya bushe. Nemo inda ruwan ke ɗiga ka toshe kafin ka sa a yanko wata.

Hinjina mai haidirolik ne, da a hankali yake rufe ƙofa, yanzu buga ta yake yi.

Akwai ɗan bututu mai mai a cikinsa da ke tare ƙofar daf da rufuwa. In ka ga maiƙo a jikin hinjin, man ya tsiyaye, sai a canza. In kuma matsalar ita ce ƙofar tana jan jiki da yawa kafin ta rufu, ƙarfin tarewar ne ya fi nauyinta. Wasu na Blum suna da ɗan makunni a cikin ƙoƙo da ake kashe tarewar hinji ɗaya da shi. A waɗanda ba su da shi, sa mai haidirolik ɗaya da marar shi ɗaya a ƙaramar ƙofa, muddin awonsu ɗaya ne. A hana yara tura irin wannan ƙofa da ƙarfi don ta yi saurin rufuwa, shi ke fasa bututun.

Yana ƙara, kuma ya fara tsatsa.

Goge ƙura da maiƙon girki da tsohon buroshin haƙori, ka ɗiga man keken ɗinki ɗigo ɗaya a kowace gaɓa. Ban da man gyaɗa ko manja: suna daskarewa su yi danƙo, ƙurar hunturu ta manne. Ƙarƙashin wurin wanke-wanke, inda danshi yake kuma ake ajiye ruwan bilic, nan hinji ya fi saurin ci. A rufe bakin robar bilic ɗin sosai, kuma in za a canza a nemi na ƙarfen da ba ya tsatsa.

Hinji nawa ya kamata ƙofa ta samu?

Wadda tsawonta bai wuce santimita 90 ba, biyu. Zuwa 160, uku. Doguwar ƙofar wadirob mai kusan mita biyu, huɗu, in akwai madubi a jikinta a ƙara ɗaya. Na sama da na ƙasa su zauna kimanin santimita 10 daga baki. Ƙofar wadirob mai madubi da aka rataya a kan hinji biyu ko uku don a rage kuɗi, ko kullum ake saita ta za ta sake sunkuyawa, kuma wannan rowa ce da ke ba ni haushi, domin kuɗin hinji ɗaya bai kai na madubin da zai fashe ba.

Zan sayi sabo. Me zan duba?

Cire tsohon tare da mazauninsa ka tafi da shi shago. Hannun hinji iri uku ne. Miƙaƙƙe na ƙofar da ke rufe kaurin bangon kabad gaba ɗaya ne. Mai ɗan lanƙwasa na inda ƙofofi biyu suka raba bango ɗaya ne, kowace ta rufe rabi. Mai babbar lanƙwasa na ƙofar da ke shigewa cikin kabad ne. In ka ɗauko wanda ba shi ba, babu juyin da zai kai ƙofar inda take. Duba kuma yawan buɗewarsa: na yau da kullum digiri 110 ne ko kusa da haka, na kabad ɗin kusurwa yakan kai 165 zuwa 170. Buɗe shi ka rufe a hannunka, ka girgiza gaɓoɓin; wanda ke kaɗawa tun yana sabo ba zai riƙe saiti ba. Ka canza na ƙofa ɗaya gaba ɗaya, da mazaunansu, kada ka haɗa hannun wani kamfani da mazaunin wani.

Tsohon kabad ɗin mahaifiyata hinji mai fukafukai biyu ne da shi, babu sukurun saiti. Shi fa?

Allah ya ƙara mata lafiya. Irin waɗannan kabad na icce na gaske sun cancanci a wahala a kansu. Fara ɗaga ƙofar da hannu tana buɗe: in gaɓar hinjin tana wasa, sandar tsakiya ta cinye, a sayo sabon hinji mai tsawo daidai da nasa. In gaɓar lafiya, ɗaure sukurorin, ka cike ramin da ya cinye da tsinke da gam kamar yadda aka faɗa a sama. In har yanzu tana sunkuye ta wajen mariƙi, kwance fiffiken hinjin ƙasa da ke jikin kabad, ka yanka kwali daidai girmansa, irin na kwalin shayi, ka sa a bayansa ka mayar. Kwalin zai tura ƙasan ƙofar wajen mariƙi, kusurwar ta tashi. Falle ɗaya za ka fara sawa, ka rufe ka duba, sannan ka ƙara na biyu. In ka kai falle uku ba ta miƙe ba, sai a zurfafa gurbin hinjin sama da cizal kamar milimita ɗaya, kuma wannan gara ka kai wa kafinta.